Samanja Mazan Fama: Aikin Ɗan Wasa a Farkon Zamanin Talabijin a Kaduna

Da labarin rasuwar Alhaji Usman Baba Pategi ya bazu a ranar 12 ga Nuwamban 2023, yawancin masu ta'aziyya da sunan Samanja suka kira shi, kuma da dama daga cikinsu a ranar suka fara jin sunansa na yanka. Wasu matasa da suka buɗe ido da finafinan Kano sun riƙa rubuta cewa an yi rashin tsohon jarumin Kannywood. Niyyarsu ta girmamawa ce, amma wannan laƙabi ya ajiye mutumin a gidan da ba nasa ba, domin ya yi suna kusan shekara ashirin kafin a sayar da kaset ɗin fim ɗin Hausa na farko a kasuwa. Duniyar da ya yi aiki a cikinta ta gidan rediyo da talabijin na gwamnati ce, inda ɗan wasa yake ma'aikaci kamar kowane ma'aikaci, yana da shugaba a ofis da lokacin zuwa aiki, yana jiran ƙarshen wata, kuma ana sa ran ya kawo sabon shiri kowane mako ko ransa yana so ko ba ya so. Wanda bai fahimci wannan yanayi ba zai yi wuya ya gane inda gwanintar Samanja ta fito, da kuma abin da ya sa kaɗan ne daga aikinsa ya rage a hannunmu.

Talabijin ta fara a Nijeriya a Ibadan a watan Oktoban 1959, a ƙarƙashin gwamnatin Jihar Yamma ta Cif Obafemi Awolowo. Jihar Gabas ta buɗe tata a Enugu a 1960, sannan gwamnatin Sardauna ta buɗe ta Arewa a Kaduna a watan Maris na 1962, ta hannun kamfanin watsa shirye-shirye na Arewa, BCNN, wanda aka kafa da haɗin gwiwar kamfanonin Ingila biyu, Granada da EMI. Jama'a dai RTK suka fi sani, wato Rediyo da Talabijin na Kaduna. A shekarun farko akwatunan talabijin ba su da yawa, suna gidajen manyan ma'aikata da attajirai da Turawa, tashar kuma sai da yamma take buɗewa, ta rufe kafin dare ya raba. Rediyo shi ne babban yaya, shi ne yake shiga ƙauye da ruga, talabijin kuwa ƙanwa ce mai cin kuɗi wadda ake cike lokacinta da finafinan da aka sayo daga waje. Duk da haka hukumomin gidan sun san cewa mutanen Arewa ba za su zauna gaban akwati ba muddin ba su ga kansu a ciki ba, kuma babu wata makaranta a lokacin da take yaye 'yan wasan talabijin. Saboda haka aka juya ga waɗanda suke kusa: mai karanta sanarwa, da mai kula da na'ura, da akawun ofis, da malamin makarantar da yake da ƙungiyar wasan kwaikwayo a unguwa. Duk wanda aka ga yana da baki kuma kyamara ba ta firgita shi, sai a ba shi rawa ya taka.

Ta irin wannan ƙofa Usman Baba Pategi ya shigo. Shi Banufe ne, ɗan gidan sarautar Pategi, garin da yake bakin kogin Kwara a jihar Kwara ta yanzu, kuma bai bi hanyar fada ba, sai ya nufo Kaduna neman aiki kamar dubban samarin zamaninsa, har ya sami gurbi a gidan rediyo da talabijin. Kaduna gari ne na baƙi tun asali, tunda Turawan mulkin mallaka ne suka kafa shi suka dawo da hedikwatar Arewa can daga Zungeru a 1917, kuma Hausar da ake yi a titunansa ta sha bamban da ta cikin birnin Kano ko Katsina, domin bakuna da yawa ne suka haɗu suka sassaƙa ta. Da yaƙin basasa ya ɓarke a 1967, Pategi yana cikin samarin da suka ajiye aikinsu suka sa kaki, inda ya yi aiki a sashen sadarwa na rundunar soja. Abin da ya gani kuma ya ji a bariki shi ne jarin da ya ci gaba da juyawa har ƙarshen rayuwarsa ta wasa.

Kafin yaƙin, sojojin Nijeriya ba su wuce kimanin dubu goma ba, amma zuwa ƙarshensa a Janairun 1970 sun kai wajen dubu ɗari biyu da hamsin. Barikokin da ake da su ba su iya ɗaukar wannan taro ba, sai sojoji da yawa suka kama hayar ɗakuna cikin gari, suka zama maƙwabtan farar hula a famfo da kasuwa da tashar mota. Zaman bai zo da sauƙi ba, domin mutumin da ya dawo daga bakin daga da bindiga da albashi ba koyaushe yake da haƙurin bin layi ba, talaka kuma yana kallonsa da tsoro gauraye da haushi. Ga shi mulkin ƙasar ma a hannun soja yake, ƙarƙashin Janar Yakubu Gowon. A cikin wannan hali ne shirin Samanja Mazan Fama ya fara fita a Kaduna a 1973, a rediyo da talabijin, ya buɗe wa mai sauraro ƙofar barikin da a da yake wucewa ta gabanta da sauri.

Zaɓen muƙamin samanja shi kansa dabara ce ta wanda ya san gidan daga ciki. Samanja shi ne uban ƙananan sojoji: kurtu da farabiti da kofur da saje duk suna rawar jiki idan suka ji takunsa, shi yake tsayar da fareti, shi yake duba guga da damara da ƙyallin takalmi, kuma da bakinsa ake aika mai laifi gadurum ko a sa shi tsallen kwaɗo. Amma wannan dattijo mai gashin baki da shekaru ashirin a bakin aiki dole ne ya ƙame ya sara wa ɗan ƙaramin laftanan da ya fito daga makarantar hafsoshi jiya, wanda a haife ya haife shi. Mutumin da yake tsawa a ƙasa ana yi masa tsawa daga sama, sannan ya koma gida ya tarar da rigimar cefane da bashi da maƙwabta, ba ya rasa abin ba da dariya. Da Pategi ya zaɓi ya fito a kanar ko janar, da wasan ya yi nisa da talaka, da kuma ya zaɓi kurtu, da ya zama abin tausayi kawai. A tsakiya ya tsaya, inda iko da rashin iko suke zaune a jikin mutum guda.

Harshen wasan ne ya fi komai kama kunnen jama'a, kuma a nan nake ganin ya kamata a daɗe. Hausa tana da tsohon tarihi a aikin soja, tun daga rundunar da wani hafsan Ingila mai suna Glover ya haɗa a Legas a 1863 wadda aka riƙa kira da sunan Hausawa, har zuwa rundunar Afirka ta Yamma da ta yi yaƙi a Bama a Yaƙin Duniya na Biyu. Tibi da Angas da Bachama da Zuru da Barebari da sauran ƙabilu sun haɗu a bariki, Hausa ce ta haɗa su, amma Hausa ce da aka rage wa kaya don tafiya ta yi sauri. A barikanci ana iya cewa "matana ya zo" ba tare da kowa ya ɗaga gira ba, ƙ takan koma k, ɗ ta koma d, kalmomin umarni na Turanci kuma su shigo a tanƙware yadda bakin mai faɗa ya iya. Pategi ya san cewa a kowace bariki akwai masu magana iri-iri, kuma ya iya sauya murya daga Hausa tsantsa zuwa wannan gauraye a cikin numfashi guda, gwargwadon wanda yake gabansa da kuma irin fushin da yake ciki. Mai kwaikwayon da bai zauna bariki ba yakan cika gishiri har abin ya koma izgili ga waɗanda Hausa ba harshen uwarsu ba ce. Shi kuwa da yake ya koyi Hausa ne a matsayin harshe na biyu, kuma ya kwana ya tashi da masu irin wannan magana, ya san iyakar da ake tsayawa, shi ya sa sojan da ake kwaikwayo yake zama na farko wajen ƙyaƙyata dariya. A ganina wannan kunne mai kaifi shi ne babbar baiwarsa, ya fi gashin baki da zare ido da sandar da ke ƙarƙashin hammata, ko da yake su ne suka fi zama a idon yara.

Yadda ake haɗa shirin ma ya bambanta da abin da 'yan fim suka saba da shi yanzu. Galibin wasannin Hausa na rediyo da talabijin a wancan zamani ba a rubuta su kalma bayan kalma. Mai shirya wasa yakan zo da ƙashin bayan labari, a zauna a tattauna wanda zai shigo da wanda zai fita da inda rigima za ta kai, a gwada sau ɗaya ko biyu, sauran magana kuma kowa ya nemo ta daga cikinsa idan an kunna na'ura. Kyamarorin ɗakin ɗaukar shiri manya ne masu nauyi da ake turawa a kan ƙafafu, fitilu suna da zafin da yake jiƙa kaki da gumi cikin 'yan mintoci, gyaran faifan bidiyo kuma aiki ne mai wuya da tsada, saboda haka akan ɗauki fage mai tsawo a tashi ɗaya. Idan abokin wasa ya manta inda aka dosa, babu mai tsayar da aiki don a sake, sai wanda yake kusa ya jefa masa wata magana da za ta dawo da shi kan hanya ba tare da mai kallo ya lura ba. Wannan yana bukatar mutum ya san halin wanda yake kwaikwayo har ya iya amsa kowace tambaya da bakinsa, kuma ya riƙe wannan hali mako bayan mako, shekara bayan shekara. Rediyo ya ƙara horar da su, domin a can babu fuska babu kaki, murya kaɗai za ta nuna wa mai sauraro a Funtuwa ko Maraɗi cewa samanja ya shigo kuma ransa a ɓace yake.

Akwai tambayar da ba a cika yi ba, wato yaya aka yi gwamnatin soja ta bar ana ba da dariya da soja a tashar da take biya wa albashi. Ba zamani ne na sakin baki ba. A Fabrairun 1977 sojoji suka ƙona gidan mawaƙi Fela Anikulapo-Kuti a Legas, bayan ya yi waƙar da ta kwatanta soja da gawar da ake juyawa da umarni. Samanja kuwa ya ratsa mulkin Gowon da Murtala da Obasanjo, ya wuce na Shagari, ya shiga na Buhari da Babangida, sojoji suna cikin manyan masoyansa. Amsar tana cikin inda dariyar take tsayawa. Wasan yana taɓa wautar kurtu da zaƙewar kofur da fankamar samanja, amma bai hau sama ya tambayi dalilin da ya sa masu kaki suke zaune a fadar gwamnati ba, kuma a ƙarshen kowace rigima horo da biyayya su ne suke yin nasara. Ƙasar Hausa ta daɗe da sanin irin wannan tsari, domin a wasan gauta matan fada sukan kwaikwayi sarki da hakimansa a gaban idonsu, a yi dariya, a gane saƙo, kowa kuma ya san cewa da izinin mai gida ake yi. Ba na ganin wannan a matsayin aibi ga Pategi, tunda shi ma'aikaci ne da yake son aikin soja da zuciya ɗaya, kuma abin da ya sa a gaba shi ne farar hula su daina ganin soja a matsayin dodo, soja kuma ya ga kansa a madubi. Sai dai adalci ne a faɗa cewa akwai abubuwan da suka faru tsakanin soja da talaka a waɗannan shekaru waɗanda ba su taɓa shiga wasan ba, kuma ba za su iya shiga ba.

A 1977 gwamnatin tarayya ta kafa hukumar NTA ta haɗe duk tashoshin talabijin na ƙasar a ƙarƙashinta, ɓangaren rediyon Kaduna kuma ya koma cikin hukumar rediyon tarayya, FRCN, a shekarar da ta biyo. Wannan ya buɗe wa 'yan wasan yanki hanyar fita a duk faɗin ƙasa, amma da sharaɗin harshe. Da aka ɗauki Samanja zuwa shirye-shiryen ƙasa baki ɗaya, sai aka karkata maganarsa zuwa Turancin buroka don mutanen Legas da Fatakwal su bi labarin. Ya sami sababbin masu kallo, kuma ya nuna cewa zai iya, amma ni dai ina ganin an yi asarar rabin daɗin, domin abin dariyar yana cikin tazarar da ke tsakanin Hausar gida da Hausar bariki, wadda sai mai jin harshen yake kamawa. Marigayi Kasimu Yero, ɗan Zariya wanda ya yi suna a shirin Karambana, ya bi irin wannan hanya ta wata fuska, inda ya fito a matsayin Gaga a shirin Turanci na Cock Crow at Dawn da NTA ta fara ɗauka a yankin Jos a 1980. A daidai lokacin kowace tasha tana da nata gwanaye da shirye-shirye: ɗan wasa Karkuzu a Jos, shirin Idon Matambayi a Sakkwato, shirin Kuliya Manta Sabo a Kano, kuma tashar CTV da gwamnatin Abubakar Rimi ta kafa ta ƙara wa Kano wani fagen.

Wanda bai ga zamanin ba zai yi mamakin yadda ake kallo. A unguwarmu gida ɗaya ne yake da talabijin, baƙi da fari, mai ƙofofin katako da ake zugewa a rufe da makulli idan an gama. Mai gidan yakan sa a fito da ita tsakar gida bayan sallar isha'i, yara mu zauna a tabarma a gaba, matan gida daga bakin ƙofar ɗaki, samari kuma a tsaye a baya, wani yaro yana riƙe da sandar eriya yana juyawa har sai an yi masa ihu cewa hoto ya tsaya. Idan NEPA ta ɗauke wuta ana tsakiyar wasa, salatin da ake yi har layi na gaba ana ji. Washegari a makaranta duk wanda ya sami ƙaramar sanda sai ya maƙale ta a hammata ya tara ƙannensa ya yi musu fareti. Ɗan wasa a lokacin yana magana ne da taron mutane masu shekaru daban-daban a zaune wuri guda, kaka da jika da suruki, shi ya sa dole ya san abin da zai faɗa da wanda zai bari a cikinsa.

Sunan da suka yi bai zama dukiya ba, kuma tsarin aikin ne ya jawo haka. Wanda yake ma'aikacin tasha albashinsa yake karɓa ko shirin ya karɓu ko bai karɓu ba, wanda kuma aka gayyato daga waje akan ba shi ɗan abin da aka yanka na kowane fitowa, shi ke nan. Shirin mallakar tasha ne, ko an maimaita shi sau nawa babu wani kaso da yake komawa ga waɗanda suka yi gumi a ƙarƙashin fitila. Abin da yake shigowa ta gefe shi ne gayyatar wasa a dandali, a bukin sojoji ko taron gwamnati, da kyautar da wani babba zai yi idan ransa ya yi daɗi. Da tattalin arziki ya tsuke bayan shirin tsuke bakin aljihu na 1986, aka matsa wa tashoshin gwamnati su nemi kuɗin kansu, wasannin da ba su da kamfanin da zai ɗauki nauyinsu suka fara mutuwa ɗaya bayan ɗaya. A 1990 ƙungiyar Tumbin Giwa ta Kano ta fitar da fim ɗin Turmin Danya a kaset, kasuwa ta koma hannun matasa masu kyamarar bidiyo, labarai suka koma soyayya da waƙa, dattawan talabijin kuma aka riƙa kiransu jefi-jefi su fito a uba ko mai unguwa. Masu barkwanci na bayansu, har da marigayi Rabilu Musa Ibro, sun gaji salon wasa ba tare da rubutu ba, kuma sun sami kasuwar da magabatansu ba su samu ba. Kasimu Yero ya rasu a Kaduna a Satumban 2017. Karkuzu ya kai tsufa cikin rashin gani da rashin muhalli, har sai da ɗan ƙwallo Ahmed Musa ya saya masa gida bayan kukansa ya fito fili.

Asarar da ta fi wannan wuyar gyarawa ita ce ta faifan da kansu. Faifan bidiyo yana da tsada kuma daga waje ake sayo shi, saboda haka tashoshi a ko'ina cikin duniya, har da BBC mai kuɗi, sun riƙa goge tsohon shiri su ɗora sabo a kansa, domin babu wanda ya ɗauka cewa wasan mako zai zama abin nema bayan shekara hamsin. A tashoshinmu an ƙara da zafi da ƙura da ɗakunan ajiya marasa sanyi, ga kuma na'urorin da suke iya karanta irin waɗancan faifai sun lalace an daina ƙera su. Abin da ake gani na Samanja a YouTube a yau guntaye ne, mafi yawansu na shekarun baya-baya, waɗanda wani ya naɗa a gida daga talabijin ko aka kwafo daga kaset zuwa kaset har hoton ya dusashe. Ɗalibin da yake son nazarin barikancin shekarun 1970 daga bakin wanda ya fi kowa iya kwaikwayonsa dole ya bi gidajen tsofaffin ma'aikatan Kaduna yana tambayar ko akwai wanda ya ajiye kaset a ƙasan akwati, sannan ya nemo na'urar da za ta juya shi kafin zaren ya manne.